Robar da ke Bayan Kunnen Sirajo

Tabarmar Sirajo tana nan a kan igiya inda kakarsa ta shanya ta. Ruwa ya dake ta, rana ta busar, ruwa ya sake dukanta, amma duk gidan nan babu mai ƙarfin zuciyar da zai sauke ta ya naɗe. Ni kaina da ake cewa ba ni da tsoro, in na zo wucewa sunkuyawa nake in bi ta ƙarƙashinta.

Sunana Zulai, kitso nake yi. Mijina Malam Suleiman tela ne. Iyayenmu daga Zariya suka zo, mu kuwa a nan unguwar Turaki muka buɗe ido, muna haya a gidan Dada Bara'atu, ɓangaren da ke kusa da rijiya. Dada tsohuwar Bafillatana ce, doguwa, ba ta ɗaga murya, amma in ta faɗi magana sau ɗaya an gama. Ɗanta Manga fataucin shanu yake yi zuwa kudu, ya fi zama a bayan tirela fiye da ɗakinsa. Matarsa Suwaiba, yarinya ce mai shiru, Hausarta irin ta Fulani ce. Sirajo ɗansu na fari ne.

An haife shi bayan an ƙirƙiro mana sabuwar jiha da kaɗan. Ba a daɗe da yin suna ba kansa ya fara girma fiye da jikinsa. Hular da aka saka masa wannan watan, wata mai zuwa ba ta shiga. Maɗigarsa ta kumbura, jijiyoyi suka fito raɗa-raɗa a goshinsa. An sha rubutu, an yi turare, kai yana ta ƙaruwa. Daga ƙarshe Manga ya kwashe su, shi da uwarsa da matarsa, suka tafi wani babban asibiti a Jos. Can aka ce ruwa ne ke taruwa a cikin ramukan ƙwaƙwalwarsa, ya rasa hanyar fita. Aka huda ƙashin kan, aka zura wata roba siririya har cikin ramin, aka bi da ita ta ƙarƙashin fata, ta bayan kunne, ta wuya, ta ƙirji, har cikin cikinsa, don ruwan ya riƙa sauka can. Da suka dawo na gani da idona. In ya juya wuya sai ka ga robar ta miƙe a ƙarƙashin fata kamar jijiya. A bayan kunnensa na dama kuma akwai wani ɗan ƙullutu, bai fi ƙwayar gyaɗa ba.

Kan ya daina ƙaruwa. Yaro ya yi zama, ya yi rarrafe, ya makara wajen tafiya amma ya yi. Dada ta ce an ɗinke, an gama, kada wanda ya ƙara ɗaga mata maganar.

To mu ma Hausawa muna kunyar ɗan fari, ban ce ba mu yi ba. Amma abin da na gani a gidan nan ya fi ƙarfina. Suwaiba ba ta taɓa kiran sunan yaron nan ba, ko a ɓoye. "Wancan" take ce masa. Lokacin da take shayar da shi, bango take kallo. Ranar da aka yaye shi Dada ta ɗauke shi ta kai ɗakinta, shi ke nan ya zama nata, can yake ci, can yake kwana. In ya faɗi a tsakar gida ya fasa kuka a gaban uwarsa, sai ta ci gaba da tankaɗenta kamar ɗan maƙwabta ne. Matan dangi suna yaba mata, wai yarinyar ta san kunya, an yi mata tarbiyya. Ni dai haushi nake ji, ban kuma ɓoye ba.

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne ja masa kunne da take yi. Kullum da safe, in Dada ta shiga wanka, sai Suwaiba ta nemo masa laifi. Ya taka mata tsintsiya, ya zubar da ruwa, ya kalle ta. Sai ta damƙi kunnensa na dama ta riƙe, fuskarta a murtuke, ta ɗan jima, sannan ta sake shi ta wuce. Kullum kunnen dama, wajen ciwon. Na sha ce mata, "Ke wace irin uwa ce? In ba za ki so shi ba, ki ƙyale shi mana." Ba ta taɓa ba ni amsa ba.

Wata safiya Dada ta manta sabulu ta fito, ta same ta da kunnen yaron a hannu. Ba ta yi faɗa ba. Ta tsaya ta dube ta har sai da Suwaiba ta sake shi.

"Kunya dabam, mugunta dabam," in ji Dada. "Daga yau hannunki kar ya sake taɓa yaron nan. Nawa ne."

Na ji daɗi ranar, ba zan ce ban ji ba.

Bayan kwana biyu Suwaiba ta zo kitso, alhali kitson kanta bai tsufa ba. Mai kitso ta san wannan: mace in ta sunkuyar da kai tsakanin gwiwoyinki, ba ta ganin fuskarki, ba kya ganin tata, abin da ba ta iya faɗa a zaune sai ya fito. Na tsefe rabin kan kafin ta yi magana.

"Adda Zulai, ba kunne nake ja ba."

"To me kike ja?"

"Ranar da za a sallame mu, Dada ya fita salla, maigida ya je neman mota. Ni kaɗai likita ya samu. Ya kama yatsana ya ɗora a kan abin nan na bayan kunne. Ya ce in danna. Na danna, ya shiga, na saki, ya taso. Ya ce in ya taso, hanya a buɗe yake. In ya shiga bai fito ba, roba ya toshe daga ciki."

Hannuna ya tsaya a kanta.

Ta ci gaba da muryar nan tata mai sanyi, tana kallon ƙasa. Likitan ya gaya mata robar ba ta warkarwa, riƙo kawai take yi. Tana iya toshewa. Tana iya tsinkewa a wuya. Yaro yana girma ita ba ta girma, wata rana za ta yi masa gajarta. In ƙwayar cuta ta hau ta, za a ga zazzaɓi, fatar da ke bisa robar ta yi ja. In kuwa ta toshe, ruwan zai koma taruwa, kuma yanzu da ƙashin kai ya haɗe babu inda zai buɗa, ƙwaƙwalwar zai danne. Amai zai fara, da ciwon kai, da barcin da ba na gajiya ba, idanu su riƙa kallon ƙasa. Ya ce in ta ga haka kada ta jira gari ya waye sau biyu.

"Me ya hana ki gaya wa Dada?" na ce.

"Na gaya wa maigida, ya gaya mata. Ta ce ba wanda zai riƙa tsokanar ciwo da ya warke. Ni kuma yaya zan tsaya gaban Dada in yi maganar wancan? Da wane baki?"

Ashe hanya ɗaya ce al'ada ta bar wa uwa ta taɓa ɗanta na fari a bainar jama'a ba a ce ta yi rashin kunya ba, ita ce duka. Shi ya sa take nemo masa laifi. Babban yatsa a kan kunne, manuni a bayan kunne, ta danna, ta jira ya taso, ta sake shi. Yaron ya tashi yana gudunta. In ya hango ta sai ya rufe kunnensa da hannu.

Na ce ta koya mini, tunda ni ba a hana ni ba. Ta kama yatsana ta ɗora a bayan kunnenta, ta nuna mini wurin da ƙarfin dannawar. Washegari na yaudari Sirajo da ƙuli-ƙuli na shigo da shi ɗakina. Na laluba, na samu ƙullutun, na danna. Wallahi ban san me na ji ba. Abu ne mai ɗan taushi, yaro yana mutsu-mutsu, yatsana kuma ya saba da gashi, bai saba da wannan ba. Suwaiba tana jirana a bakin rijiya, tana jan guga a hankali.

"Ya taso?"

"Ina jin ya taso."

"Kina ji, ko ya taso?"

Ta ja guganta ta tafi.

Damina ta yi nisa lokacin, ga wahalar man fetur ta wannan shekarar da ta tsayar da komai. Manga yana can kudu, tirelarsu ta maƙale, babu ranar dawowa. Ana cikin haka aka aiko wa Dada cewa ƙanwarta ba ta da lafiya a wani ƙauye bayan Sunkani. Ta ɗaure kayanta, ta goya Sirajo duk da girmansa, ta tafi. Suwaiba ta tsaya a ƙofar ɗakinta tana tsince shinkafa, ba ta ɗaga kai ba har suka fita. Na lura bayan sun tafi tsakuwa take mayarwa cikin tire, shinkafar tana zubarwa ƙasa.

Sun fi mako. Ranar da suka dawo, a bayan Dada yake, kansa ya langaɓe. Ta ce gajiyar hanya ce. Ta shimfiɗa masa tabarma a ɗakinta ya kwanta. Da yamma ya yi amai. Washegari da safe ya sake yi, irin wanda ke fitowa da ƙarfi ba tare da yunƙuri ba, har ya ɓata tabarmar. Dada ta wanke ta shanya, ta mayar da shi kan gadonta. Ta aika aka kira George mai kemis, ya taɓa goshinsa, ya ce lokacin sauro ne, ya yi masa allura ya tafi. Ban ga laifinsa ba, kowane gida a unguwar akwai mai zazzaɓi a kwance, kuma babu wanda ya nuna masa bayan kunne.

Yaron bai yi kuka ba da aka soka masa allurar. Dada ta ji daɗin wannan. Ta ce jininsu ne, ba su da raki. Ni kuwa gabana ya faɗi, don na san Sirajo, yaro ne da ko kaza ta yi masa tsawa sai unguwa ta ji.

Na shiga gaishe shi da hantsi. Na ce, "Sirajo, ga ƙuli-ƙuli." Ya buɗe ido da ƙyar. Baƙin idon ya sauka ƙasa, rabinsa ya ɓuya, fari ne a sama. Ya ɗaga hannu ya dafa kansa, ya koma barci. Na fito na sami Suwaiba a madafa, tana hura wutar da ta riga ta kama. Na gaya mata abin da na gani, ban rage komai ba.

"Na gaya wa Dada a kai shi asibiti," na ce. "Ta ce a bar allura ta yi aiki zuwa gobe."

"Kin danna?"

"Tana zaune a kansa. Kuma ko na danna, kin san ni."

Ta ci gaba da fifita wutar.

Bayan azahar mata suka zo yi wa Dada sannu da hanya, dangin mijinta ne daga Nukkai, irin tsofaffin da ke auna tarbiyyar yarinya da yadda take ajiye ƙwarya. Suka cika ɗakin, ana gaisuwa da Fillanci, ana tambayar mai jiki a ƙauye. Yaron yana kwance a bayansu. Hadari ya haɗu ta gabas, gari ya yi duhu-duhu, iska ta tsaya. Ina bakin ƙofata ina tsefe wa wata yarinya kai, sai na ga Suwaiba ta fito daga madafa. Ta wanke hannunta a bakin rijiya, ta goge da zani. Ta nufi ɗakin Dada, ɗakin da tun da aka kawo ta gidan ba ta taɓa wuce bakin ƙofarsa ba. Ba ta yi sallama ba, ba ta durƙusa ba. Na saki kan da ke hannuna na bi ta.

Ta ratsa tsakanin tsofaffin nan, ta hau gadon surukarta ta zauna, ta ɗauki yaron ta ɗora a cinyarta. Wata ta rufe baki da mayafi. Wata ta kawar da kai, kamar an yi tsirara a gabanta.

"Me na gaya miki?" in ji Dada, a hankali.

Suwaiba ba ta dube ta ba. Ta juya kan yaron, ta karkata shi wajen hasken ƙofa, ta ɗora yatsa a bayan kunnensa ta danna. Ta ɗaga yatsan. Wannan karon ko ni na gani. Wurin ya lotsa, ya zauna a lotse. Muka zuba masa ido, ni da ita, sannan Dada ma ta matso. Muna ta jira, bai taso ba.

"Dada," in ji Suwaiba, yadda kowa zai ji, "ɗana zai mutu. Roba ya toshe. Ki yi mini duk abin da za ki yi, amma yau za a kai shi."

Ɗana ta ce, a gaban dangin miji. Na ga yadda kalmar ta daki tsofaffin nan. Dada ta daɗe tana kallon ramin da yatsa ya bari. Sannan ta miƙa hannu ta ɗauki mayafinta.

A asibitin gari wani nas muka samu, Philemon, mutum mai sauri. Ya haska idon yaron da tocila, ya auna bugun hannunsa, ya saurari Suwaiba har ta gama. Ya ce dannawar nan ba kullum take faɗin gaskiya ba, amma aman da barcin da idon, su ba sa ƙarya. Ya kira likita, suka yi magana da Turanci, ya dawo.

"Mama, a nan ba mu da mai buɗe kai. Dole ku koma inda aka sa robar, su canza. Ba gobe ba, yanzu. Ku ɗaga kansa sama a mota, kar ku ba shi abinci. Kuna tafiya kuna kiran sunansa. Muddin yana amsawa, ko da motsin ido ne, akwai lokaci. Wace ce uwarsa?"

Tsohuwar ɗabi'a ta riƙe bakin Suwaiba, ta sunkuyar da kai. Dada ce ta nuna ta da haɓa.

"To Madam, kira shi mu gani."

Suwaiba ta buɗe baki ta rufe. Ta sunkuya kusa da kunnen nan da ta saba kamawa. Sunan ya fito mata wani iri, a karkace, kamar ba ta san inda ake sa masa nauyi ba.

"Sirajo."

Ko gashin idonsa bai motsa ba.

"Sirajuddeen," ta ce, da ƙarfi kaɗan. Shiru. Ta ɗago ta dube ni, idonta ya cika. "Adda, bai ji ba ne, ko bai san muryana da sunansa ba?"

Na juya wajen Dada na ce ta kira shi. Tsohuwar nan da ban taɓa ganin ta ji tsoron komai ba, sai ta ja da baya. Na gane abin da take gudu. In ita ta kira bai amsa ba, babu sauran tambaya.

"Mama, lokaci," in ji Philemon.

Dada ta matso ta dafa ƙafarsa, ta kira shi yadda take kiransa da safe in ta dama masa fura, tana jan ƙarshen sunan. Fatar idonsa ta yi rawa. Ta buɗe kaɗan, ta sake rufewa.

"Alhamdu lillahi," in ji Suwaiba. Hawayen suka zubo. Murna ce, na sani, amma ba murna kaɗai ba ce, kuma duk wanda ke wurin ya san haka. Dada ta kawar da kanta gefe.

Malam Suleiman ne ya samo mota. Wani direba, Njidda, ya yarda ya kai su da fijo ɗinsa, da man da ya tsinto jarka-jarka a wajen 'yan bumburutu. Ya faɗa mana gaskiya tun kafin a shiga: man zai kai su Numan, wataƙila ya ɗan wuce, daga nan sai abin da Allah ya yi. An fara yayyafi. Suwaiba ta shiga baya da yaron, ta jingina kansa a ƙirjinta. Dada ta nufi gaba, wurin manya, sai Suwaiba ta kira ta.

"Dada, ki zo nan kusa da kunnensa. Ke yake ji. Ni zan riƙe kan."

Dada ta rufe ƙofar gaba, ta zagayo ta zauna a gefen surukarta, kafaɗa da kafaɗa. Njidda ya tayar da mota. Na leƙa ta taga, na ga yatsan Suwaiba yana nan a bayan kunnen yaron, kamar ba ta ɗauke ba tun daga gida.

"Ya taso?" na ce.

Ta girgiza kai. Motar ta ja, ina jin muryar Dada tana kiran sunansa, tana sake kira, har ruwa ya sauko da ƙarfi ya rufe ta.